Ranar da Na Sumbaci Hannuna a Gaban Kyamara

Na san wasunku za su yi dariya har da riƙe ciki. Ku yi, na yafe muku tun yanzu. Ni ma da wata ce ta yi abin da na yi ranar Laraba a Landan, da sai na yi sati ina ba da labarinta. Amma gara ku ji daga bakina, don in na bar wa Anti Glenda, ƙanwar Mama, sai ta ƙara masa gishiri.

Ga waɗanda yau suka fara karanta ni: sunana Bryony Holroyd, shekarata ashirin da bakwai, 'yar wasan kwaikwayo ce ni, ko da yake in kun tambayi Mama cewa za ta yi, "Tana dai magana a rediyo." Shekara huɗu ke nan nake fitowa a matsayin Nerys, 'yar matuƙin jirgin ceto, a cikin wasan Mutanen Kirkhaven da ake sakawa kullum da yamma bayan labarai. Muryata ta shiga kicin ɗin mutanen da ban san iyakarsu ba, amma fuskata ko maƙwabcin ɗakina a Manchester bai riƙe ta ba. Na taɓa zama a bas wasu tsofaffi biyu suna ta zagin Nerys wai ta yaudari saurayinta, har ɗayar ta juyo ta ce min, "Ko ba haka ba, 'yan mata?" Na ce ƙwarai kuwa, ai yarinyar nan ba ta da kunya.

Ga inda matsalar take. Mama tana da shagon soyayyen kifi da dankali a Sowerby Bridge. Kakana ne ya buɗe shi, Baba ya gada, ita kuma ta riƙe tun rasuwarsa shekara biyar da suka wuce. Tsayuwar shekara talatin gaban kaskon suya ta cinye mata gwiwar dama. Ranar Kirsimeti muna tsakiyar cin abinci ta ajiye cokali ta ce, "Bryony, ban hana ki wasanki ba. Amma in asibiti suka kira ni aikin gwiwa ba ki samu shiga talabijin ba, ki dawo ki karɓi shagon ubanki." A lokacin marubutan wasanmu sun tura Nerys Kanada, sai in yi wata guda ba a neme ni ba. Na ce na yarda. A raina kuwa cewa nake asibiti ai sai sun shekara biyu.

Takardar asibitin ta zo. Litinin mai zuwa, ƙarfe tara na safe, daga nan sati takwas ba tsayuwa.

Ina zaune a gefen gado da hoton takardar a wayata, ina kallon akwatina da ke saman kwaba, sai ga saƙon Philippa, matar da ke nemo min aiki:

"Gwaji ranar Laraba a Landan, ƙarfe sha ɗaya. Talabijin. Likitar dabbobi a ƙauye, ke ce ta biyu a girman matsayi. Ku huɗu suka rage. Kada ki makara, kuma don Allah ki gyara gashin nan."

Na yi ihun da sai da maƙwabcina ya bubbuga bango. Sannan na kira Fintan.

Fintan Mulcahy shi ne mai yin ƙarar abubuwa a sutudiyonmu. In kun ji an buɗe ƙofa, ko an zuba shayi, ko wani yana tafiya a bakin teku, to shi ne a gefe da tirensa na tsakuwa da wata tsohuwar ƙofa mai tayoyi. Dogo ne, jan gashi, kunnuwansa kan riga bakinsa magana don ja suke yi. Wata bakwai ke nan da ya ce yana sona, a bakin injin shayi, yana riƙe da ɓawon kwakwa biyu da yake yin takun doki da su. Mama ta gan shi sau ɗaya tak ta raɗa masa "mai buɗe ƙofa".

"Namiji ya kai talatin da biyu, aikinsa taka tsakuwa a tire?" ta ce min a lokacin. "Ke kina magana ba a ganinki, shi yana tafiya ba ya zuwa ko'ina. Haka za ku yi zaman auren?"

Ku dai zan faɗa muku gaskiya: ina sonsa. Tsoron Mama ne kawai ya sa nake ta ja masa rai.

Ranar Talata ya zo ɗakina da leda cike da biskit, ya kafa wayarsa a kan tulin littattafai, muka yi ta maimaita layukan. Yana kallon abin da ya ɗauka yana girgiza kai.

"Muryar ta yi. Amma Bryony, kina da fuska fa."

"Na sani."

"Ba ki sani ba. Kina kuka da baki, idonki kuma kamar mai jiran bas."

Da gaskiyarsa. Ku da ba ku taɓa shiga sutudiyon rediyo ba, ba za ku gane yadda aikin ke shiga jinin mutum ba. Kafin mu shiga muna cire 'yan kunne da awarwaro da agogo. Da safa muke tsayawa, ba takalmi. Ba a sa riga mai ƙara. Takarda a hankali ake juya ta, nesa da makirfo. Ba a shiga da yunwa don makirfo yana jin kukan ciki. In kuwa labari ya kai wajen da za a sumbaci wani, ba wanda ke taɓa wani: kowa bayan hannunsa yake kaiwa baki ya sumbata, kusa da makirfo, yadda masu sauraro za su ji. Nerys ta yi samari uku a shekara huɗu, kun ga kuwa hannuna na dama ya sha sumba.

Muka yi ta yi har fuskata ta fara motsi. Layin ƙarshe ne kawai ba mu gwada ba, inda likitar ke sallama da masoyinta a tashar jirgi ta sumbace shi a kunci. Duk sanda muka zo wajen sai kunnuwan Fintan su yi ja, ya ce, "To, nan kin iya," ya kashe wayar.

Laraba na sa rigata mai ruwan ganye wadda Anti Glenda ta rage min a kafaɗa, da baƙin wando, da takalmin ƙafa-ciki na fata da na goge har yana ɗaukar ido. Na ɗaure gashina ta baya, na sa 'yan kunnen azurfa na kakata. A jirgin ƙasa sau uku ina kai hannu zan cire su, ina tuna wa kaina yau an yarda.

Ɗakin gwajin ƙarami ne, farin bango, fitilu biyu masu zafi, kyamara a tsakiya. Darakta mace ce, Saskia, siririya mai gajeren gashi, ba ta cika murmushi ba. Wanda zai fito a masoyin nawa kuwa Lucan ne, wanda nake ganin hotonsa a jikin motocin bas. Ya miƙo min hannu yana cewa kakarsa ba ta yarda ta rasa Mutanen Kirkhaven, sai na ɗan saki jiki.

Saskia ta ce mu fara.

Jama'a, na yi wasa. Ba yabon kai ba, na yi. Na manta da fitilu, na manta da Saskia. Da na zo inda likitar ke cewa ba za ta iya barin ƙauyen ba don akwai masu buƙatarta, sai Mama ta faɗo min a rai, tana hawa bene da hannu ɗaya a bango. Hawaye suka zubo da kansu. Lucan ya matso, idonsa shi ma ya kawo ruwa, ya sunkuyo da kuncinsa. Na faɗi layina na ƙarshe.

Sai na ɗaga hannuna na dama, na kai bayansa bakina, na sumbata. Da ƙarfi. Har da ɗan karkatar da kai wajen makirfon da ba ya nan.

Lucan yana sunkuye da kunci a waje, ni ina tsaye da hannu a baki, hawaye na sauka a kai. Shi ya fara fashewa. Ya yi dariya har ya zauna a ƙasa. Mai kyamara ya juya baya kafaɗunsa na rawa. Saskia ta rufe fuskarta da takarda.

"Yi haƙuri," na ce, "a rediyo..."

"Na gane," ta ce daga bayan takardar. "Mun gode, Bryony. Za mu neme ki."

Duk ɗan wasa ya san ma'anar wannan maganar. Ban san yadda na sauko bene ba. Sai da jirgi ya bar Landan na iya rubuta wa Fintan.

"Na sumbaci hannuna."

Ya daɗe yana rubutawa yana gogewa, ina ganin alamar. Can sai ga shi: "Laifina ne. Ni na hana mu gwada wajen."

"Ba laifinka ba ne. Shi ke nan dai. Gobe zan tafi gida."

"In zo in raka ki?"

"A'a."

Na kife wayar a cinya na yi kukana a hankali, ina kallon gonaki suna wucewa.

Alhamis da yamma na isa. Gidanmu a saman shagon yake, kuma duk abin da ke cikinsa, daga labule har tawul, ƙamshin kitsen shanu da khal, ruwan tsamin da ake yayyafa wa kifi, yake yi. Farantan ado na Mama suna jere a bango, hoton Baba da farar hularsa ta suya yana kan talabijin. Na tarar da ita ta miƙe ƙafa a kan ƙaramar kujera, Anti Glenda, ƙanwarta da ke taya ta sayarwa, tana haɗa shayi da tabarau rataye a wuya.

Na ba su labarin. Anti Glenda ta yi dariya har shayi ya sarƙe ta.

"Wayyo cikina! Ga namiji kamar Lucan ya miƙo kunci, ke kuma kin zaɓi hannunki? Ni da an ba ni, ai sai an ɓamɓare ni!"

"Glenda, ya isa," in ji Mama. Ita ba ta yi dariya ba. Ta dube ni ta daɗe. "Kin gwada, ɗiyata. Ba wanda zai ce ba ki gwada ba."

Da faɗa ta yi min da ya fi min sauƙi. Ta ce gobe da safe Mista Greenwood mai fenti zai zo ya gyara allon shago. Tun zamanin kakana "Holroyd da Ɗansa" ke rubuce a kai, yanzu za a mayar da shi "Holroyd da 'Yarta". Yadda ta faɗa tana kallon kofinta, na gane ta daɗe tana son ganin wannan rubutun. Na ce to, Mama. Kuma har zuciyata na faɗa.

Juma'a ce ranar kifi a garinmu, tun bakwai na sauka. Na zuba dankali a injin fere, na kwaɓa fulawa da ruwa mai sanyi yadda Baba ya koya min, na jera kifi a tire. Mista Greenwood yana saman tsani a waje yana fito. Wajen goma da rabi wayata ta yi ƙara a aljihu. Philippa ce. Na shige ɗakin ajiya na ja ƙofa.

"Kina zaune?" ta ce.

"Ina tsaye a kan buhun dankali."

"To ki zauna a kansa. Sun ɗauke ki."

Na ce ba ta ji abin da ya faru ba ne.

"Na ji, kowa ya ji. Saskia ta ce ta kalli hoton sau biyar. Sauran ukun duk sun san kyamara na kallonsu, ke kaɗai kika manta da ita, har kika manta a inda kike. Irin wannan take nema. Hannun kuma ta ce za su ɗaure miki shi." Ta yi dariya. "Sati goma a Northumberland. Za a fara Litinin, tara na safe. Suna son amsa kafin ƙarfe huɗu na yau don masu ɗinka kayan wasa."

Litinin. Tara na safe. Na zauna a kan buhun.

Ta ƙasan ƙofa ina jin takun Mama, ɗaya da nauyi ɗaya da sauƙi, tana jan bokitin kifi. Na yi shekara tara ina jiran wannan kiran, tun ina makarantar wasa ina wanke kwanuka a gidan abinci. Ga shi ya zo, kuma ban ji daɗin ko minti ɗaya cikakke ba. Wa zai kai ta asibiti? Wa zai tsaya gaban kasko? Anti Glenda sayarwa ta iya, in ta matsa kusa da mai sai ta ƙona gira.

Na rubuta wa Fintan: "Sun ɗauke ni. Litinin za a fara, ranar aikin Mama. Zan ce musu a'a. Kada ka ce komai."

Ya karanta. Bai ce komai ba kuwa. Wannan ma sai da ya ba ni haushi.

Sha ɗaya da rabi muka buɗe, layi har bakin titi. Na ajiye wayar a kan firji na shiga suya. "Kifi biyu, dankali babba!" "A sa gishiri da khal?" "Bryony ce wannan? Kin dawo ke nan?" Ina murmushi ina cewa na dawo. Sau biyu na bar kifi ya wuce lokaci, Mama tana kallona ta gefen ido.

Ƙarfe biyu muka rufe na rana. Wajen uku da rabi ina goge kanta sai na ji Anti Glenda a bayana, da muryarta ta karanta jarida:

"'Bryony, ina jiran amsarki. Irin wannan matsayin ba ya zuwa sau biyu.' Wace ce kuma Philippa?"

Tabarau a hanci, wayata a hannu.

"Anti! Wayar mutane!"

"Ita ta yi haske, ni kuma ina da ido."

Mama ta ajiye matsamin kifi a hankali. "Wane matsayi?"

Na faɗa mata. Na ce ba komai, na riga na yanke shawara, yanzu zan kira in ce su ba wata.

"Tun yaushe kika sani?"

"Tun goma da rabi."

"Tun goma da rabi kina tsaye kusa da ni kina ƙona min kifi, ba ki faɗa ba?" Muryarta ta hau. "Me na ce miki ranar Kirsimeti? Maimaita min."

"Kin ce in ban samu talabijin ba..."

"In ba ki samu ba. Kin samu ko ba ki samu ba?"

"Mama, ranar aikinki ce fa."

"Ke za ki yanka gwiwar? Ni Denise Holroyd ban taɓa tauye wa mutum awo ba, ba kuma zan fara a kan 'yata ba. Magana na yi, kin cika taki, shi ke nan." Ta jawo kujera ta zauna da ƙyar. Sai a lokacin na ga idonta ya cika. "Ina so ki zauna, ba zan yi miki ƙarya ba. Amma ba na son ki tsaya a nan shekara talatin kina kallona kina tuna abin da na hana ki."

"To shagon fa? Ga allo an riga an rubuta."

"Allo ya zauna, ai ba ki daina zama 'yata ba. Shago kuma a rufe shi sati takwas."

Anti Glenda ta dafe ƙirji. Shagon nan ko ranar jana'izar Baba sai da aka buɗe shi da yamma. Na ce ban yarda ba, in aka rufe sati takwas mutane za su saba da na gangaren tasha. Ta ce to a ɗaga aikin gwiwar. Na ce wannan kuma sai dai bayan raina. Muna cikin haka, kowa na ɗaga murya, aka ƙwanƙwasa gilashin ƙofa.

Fintan ne, da jakar baya, da farar riga mai guga, kunnuwa jawur.

"An rufe," in ji Mama.

"Na gani, Misis Holroyd. Ba saye na zo ba." Ya shigo yana murza hannun jakarsa. "Ina da hutun sati biyar da ban taɓa ɗauka ba, na karɓe shi ɗazu. Sauran sati ukun zan riƙa zuwa da yamma in an tashi aiki. Ina da mota, zan kai ki asibiti in ɗauko ki. In kin yarda."

Mama ta dube shi tun daga gashi har takalmi. "Ka taɓa soya kifi?"

"A'a. Amma na san ƙarar da yake yi in ya soyu. Na yi ta a rediyo sau da yawa."

Anti Glenda ta tuntsire da dariya. Mama ta cije leɓe, na rantse dariyar take dannewa.

"Da me kake yin ƙarar?"

"Da ledar biskit."

"Allah ya kyauta," in ji Mama. Ta nuna masa kwanon fulawa da haɓa. "Wanke hannu. Za mu buɗe huɗu da rabi, ina zaune a nan ina kallonka. Ke kuma me kike jira? Huɗu saura kwata."

Na karɓi wayata daga hannun Anti Glenda. Philippa ta ɗauka tun ƙarar farko. Na buɗe baki, ni da magana ce sana'ata, sai da na yi sau biyu kafin murya ta fito.

"Ki ce musu ina zuwa."

Na kashe, na durƙusa na rungume Mama ta gefen lafiyayyar ƙafar, ina kuka tana bubbuga bayana tana cewa in tashi kada in ɓata mata riga. Sannan ta sunkuyo daidai kunnena, amma da muryar da ta tabbatar ta kai har wajen kwanon fulawa.

"Ki tafi ki yi aikinki hankali kwance. Wannan kuma ki bar min shi. Sati takwas, ni da shi, ba ke a tsakani. In kin dawo zan faɗa miki ko kina da miji ko ba ki da shi."

Na ɗago na kalli Fintan. Fulawa har gwiwar hannu, ya ce, "Misis Holroyd, ruwan nawa ake zubawa?"